Tafiya zuwa Sodankylä a kan sawun Matti Pellonpää

Da yamma jirgin ƙasa ya tashi daga Helsinki, babban birnin Finland, muka kwana muna tafiya kusan awa 12 kafin mu isa Rovaniemi. Na ce mun kwana, amma a watan Yuni duhu ba ya sauka sosai a can, kuma da muka ƙara yin arewa sai ya ɓace gaba ɗaya. Daga Rovaniemi na shiga bas zuwa Sodankylä, tazarar kimanin kilomita 130. Daji ne iya ganinka, sai barewar ƙasar sanyi da ke tsallaka titi hankalinta kwance, direba ya taka birki ya jira ta ba tare da ya danna ham ba.

A wannan ƙaramin gari ake bikin fina-finai na tsakar dare, wanda 'yan'uwa biyu masu shirya fim, Aki da Mika Kaurismäki, da abokansu suka kafa a 1986. Ni kuwa abin da ya kai ni shi ne son wani ɗan wasan fim da ya riga mu gidan gaskiya, Matti Pellonpää, mai kaurin gashin baki da idanu kamar na wanda bai samu barci ba. An haife shi a Helsinki a 1951, ya rasu a Vaasa a 1995 sakamakon bugun zuciya, yana da shekara 44 kacal.

Na fara ganinsa ne a fim ɗin Varjoja paratiisissa na 1986, inda ya fito a direban motar kwashe shara mai son wata ma'aikaciyar kanti, wadda Kati Outinen ta fito a matsayinta. Mutumin ba ya kuka, ba ya ɗaga murya, da ƙyar yake furta kalma biyar a jere, amma duk kewar da ke cinsa tana rubuce a fuskarsa. Bai taɓa mayar da talaka abin dariya ko abin tausayi ba, ya bar masa mutuncinsa, kuma wannan ne ya sa nake girmama shi. A cikin bas ɗin nan na ƙara fahimtarsa. Awa biyu muna tafiya ba mai cewa uffan, amma da jakata ta zame, wani dattijo ya ɗauko ya miƙo min, ya gyaɗa kai, ya mayar da idonsa taga. Kawaicin mutanensa Pellonpää ya kwaso ya kai gaban kyamara.

Sunansa ya ƙetare iyaka. A 1991 Jim Jarmusch, mai shirya fim ɗan Amurka, ya sa shi ya fito a direban tasi a Helsinki, a 1992 kuma ya ci kyautar gwarzon ɗan wasan Turai da fim ɗin da shi da Aki Kaurismäki suka yi da Faransanci a Paris. Abin da ya fi taɓa ni shi ne yadda Aki Kaurismäki ya yi bayan rasuwarsa. Ya shirya wani fim dominsa, ajali ya riga su, sai ya sake labarin ya ba Outinen babbar rawar, ya kuma ajiye hoton Pellonpää na yarinta a ɗakin ma'auratan da ke cikin fim ɗin a matsayin ɗansu da ya rasu. Wata mata da muka bi layin tikiti tare ta kira shi da Peltsi, laƙabin da 'yan ƙasar suka san shi da shi, kamar tana maganar ƙaninta.

Ana haska fim dare da rana a makaranta da sinimar garin da wata babbar tanti. Ƙarfe uku na dare za ka fito ka tarar da rana a kan kogin Kitinen, mutane na shan kofi, sauro kuma ya yi dandazo yana jira. Sallah ce ta ba ni aiki, domin rana ba ta faɗuwa balle a ce magariba ta yi. Na bi fatawar da ta ce a ƙiyasta da lokacin gari mafi kusa da ke da dare da yini, na saita agogon waya, na riƙa zamewa daga tanti idan ya buga.