Jirgin da aka yi wa fenti irin na jakin dawa

Jiya da daddare na zauna na kalli wani tsohon fim na 1959, Serengeti darf nicht sterben, wato kada a bar Serengeti ta mutu. Serengeti wani babban gandun namun daji ne a gabashin Afirka. Wallahi har yanzu jikina a sanyaye yake.

Bernhard Grzimek, shugaban gidan ajiye namun daji na Frankfurt a Jamus, da ɗansa Michael, waɗanda suka shirya fim ɗin, suka tuƙa wani ɗan ƙaramin jirgin sama, mai zane baƙi da fari kamar jakin dawa, har zuwa Tanganyika, ƙasar da yau ake kira Tanzaniya. Daga sama suke ƙirga dabbobi, suna bin sawun garkunan da ke ƙaura bayan ruwa da ɗanyar ciyawa, don a gane ko iyakar da Turawan mulkin mallaka suka shata wa gandun ta isa. Ba ta isa ba.

Abin da ya fi taɓa ni, Michael bai ga fitowar fim ɗin ba. Ranar 10 ga Janairu 1959 jirginsa ya yi karo da ungulu ya faɗo. Shekarunsa 24. An binne shi a bakin kwarin Ngorongoro, kusa da Serengeti. A 1960 fim ɗin ya ci kyautar Oscar.

Amma akwai abin da ya tsaya mini a rai. A daidai wannan lokacin aka tashi makiyayan Maasai daga Serengeti, ƙasar kiwon kakanninsu. Ina kallon dabbobin nan ina jin daɗi, zuciyata kuma tana wajen masu shanun.