In mai wuri ya ƙi karɓar kuɗin haya, kar ka ji daɗi

Ƙannena masu shago a wurin haya, in rigimar tashi ta haɗa ku da mai wuri, kar ku kuskura ku daina biyan haya. Ko ya zage ku, ko rufi na yoyo ya ƙi gyarawa, ku biya kuma ku riƙe shaida.

Ni a nan na kwafsa. Na ji ana cewa akwai dokar ƙayyade haya, wai mai wuri ba shi da ikon tsuga kuɗi yadda ya ga dama ko ya kore ka haka siddan, sai na ɗauka shikenan na gama da shi. Ya zo da maganar ƙari na ce ban yarda ba, ya ce to in tashi, na ce ba inda za ni. Lokacin biya ya yi na kai mai tsohon kuɗin, ko kallonsu bai yi ba ya ce "riƙe abinka". Wallahi har daɗi na ji, na zuba su cikin jari na saro kaya, ashe mutumin jira yake bashi ya taru, don rashin biya shi ne dalili mafi sauƙi da kotu ke tashin ɗan haya a kansa.

Da muka je gaban alƙali ba wanda ya damu da wa ya fara ɗaga wa wani murya. Lauyansa cewa ya yi ina shaidar na kai kuɗi an ƙi karɓa? Babu, daga ni sai shi a wurin. Tsofaffin rasit ɗin ma abin kunya, wani a bayan yagaggen kwali ejan ɗin mai wuri ya rubuta min, ba kwanan wata, biron ya koɗe.

Alhali mafitar a fili take. Ka tura ta banki da bayanin watan da ka biya, in ya dawo da su ka sa lauya ya rubuta masa, a wasu wuraren ma doka ta ba ka damar ajiye kuɗin a hannun hukuma. A Delhi ta Indiya, dokar haya ta 1958 ta ce in mai wuri ya ƙi karɓa ka kai wa jami'in kula da haya, a rubuta ka biya.

Sai kuma wata wautar, na ba wani abokina lungu ɗaya yana gyaran waya yana ɗan ba ni wani abu duk wata. Ni taimako na ɗauke shi, su kuwa a kotu haya cikin haya suka kira shi, ba izinin mai wuri a rubuce. Wannan kaɗai ya isa a tashe ka a dokoki da yawa.

Kuma ku sani fa, ko ba ka yi laifin komai ba mai wuri na iya karɓar abinsa in da gaske zai rushe ya sake gini ko shi da kansa zai yi sana'a a ciki, kuma ni ban ga aibun hakan ba, dukiyarsa ce. Sai dai a wasu ƙasashe wanda bai da laifi ba a korarsa hannu rabbana. A Ingila dokar 1954 ta ce a ba mai shago notis na wata 6 zuwa 12, in kuma don gini ne ko buƙatar mai wuri akan biya shi diyya. A Faransa hayar shago shekara 9 ce mafi ƙaranci, in mai wuri ya ƙi sabuntawa ba tare da laifinka ba sai ya biya ka asarar kasuwarka. Amma a Ingilar nan dai, in yarjejeniya ta yarda, ana binka haya mai wuri zai iya zuwa ya canza kwaɗo ba sai ya je kotu ba.

Kafin ma ka fara cika baki da doka, ka tambayi lauya shin ta shafi shago kuwa? Dokokin haya da yawa gidan kwana kawai suke karewa, New York ma tun 1963 ƙayyade hayar shaguna ya ƙare a can. In dokar wurinku ba ta rufe shago ba, abin da ke cikin takardar da ka sa wa hannu shi kotu za ta fi dubawa, saboda haka ka kai masa ita ya karanta tun kafin ka sa hannun, musamman wajen tsawon notis da maganar sabuntawa.