Dutsen da babu shi a duniya, amma muna sayar da shi

Shagona yana kasuwar kayan ado ta Jakande a Lekki, inda 'yan Arewa da yawa suke baje tsakiya da murjani da jakunkunan fata. Asalin sana'ata duwatsu ce: safaya daga tsaunin Mambila a Taraba, tomalin daga Oyo da Nasarawa, akwamarin ta hannun dillalan Jos, sai ƙanƙarar dutsen nan da muke kira kwas, da amatis mai launin shunayya. Manyan kaya a Ojoo ta Ibadan ake cinikinsu. Mu a Legas sai dai mu lallaɓa da 'yan gayu da baƙi masu neman tsaraba.

Amma a 'yan shekarun nan, abin da ke biyan hayar shago da sallamar yara ba daga rami ake haƙo shi ba. Masu shirya fim da masu wasannin kwamfuta da samarin da ke shigar jaruman labari a taron Comic Con su ne suka buɗe mana wannan ƙofa. Kowannensu yana da dutsen tsafi a labarinsa, kuma yana son ya riƙe shi a hannu.

Wani yaro haifaffen Agege, Hausarsa har da ɗan gishirin Yarbanci, ya zo min da zane a waya. Ya ce, "Baba, a labarinmu dutsen nan guda bakwai ne kacal a duniya. A ƙarƙashin tsauni yake tsirowa, shi ke haska birnin sarauniya, kuma idan maƙaryaci ya taɓa shi sai ya koma ja." Na ce masa, "Ɗana, labari ya yi daɗi. Yanzu faɗa min, wa zai riƙe shi, da hannu ɗaya ko biyu, kuma akwai inda zai faɗi ƙasa?" Waɗannan su ne tambayoyin sana'a, domin su ke yanke farashi.

Mutane suna zaton dutsen gaske za mu ba su. Ba ya yi. Kwas mai girman kwakwa nauyi gare shi, ba ya haske da kansa, a kyamara kuma sai ya fito tamkar fasasshiyar kwalba. Abin da muke yi shi ne mu zaɓi dutsen gaske mai kyawun tsini da kusurwa shida, mu lulluɓe shi da silikon, wata roba mai laushi, idan ya bushe mu zare dutsen, mun sami mazubi ke nan. Sai a haɗa rezin, ruwan roba da ke daskarewa ya yi kama da gilashi, a zuba a mazubin. Ruwa biyu ne, a auna su daidai, a juya a hankali, don gaggawa ita ke cusa kumfa. Ba a zuba shi gaba ɗaya. Rezin yana ɗaukar zafi da kansa yayin da yake daskarewa, idan ya yi kauri sai ya tsage ko ya yi rawaya, shi ya sa muke bi hawa-hawa. Tsakanin hawa da hawa yarana suna cusa 'yar leda mai sheƙi da aka cukuikuye, ita ce ke ba da tsage-tsagen nan na ciki da ido ke ɗauka na asali ne.

Babban abokin gabarmu damina ce. Danshin Legas yana barin wani hazo mai maiƙo a fuskar rezin, sai an zauna da sanfefa ana gogewa. Dole ɗakin zubi ya kasance a rufe da na'urar sanyi, idan an ɗauke wuta kuwa janareto ya ci kuɗin mai. Fitilun LED daga kasuwar Alaba muke sayowa, da ƙananan batura masu bolt 3 irin na makullin mota. Ramin da za a ɓoye fitilar sai an kankare shi ya yi kaushi, in ba haka ba hasken ba zai bazu ba, kowa zai gane tocila ce a ciki. Na yaron Agege fitila biyu muka sa, shuɗiya da ja, da maɓallin da ɗan wasa zai danna da ɗan yatsa. Kuma guda uku muka yi masa: mai kyau na ɗaukar kusa, mara nauyi na gudu da faɗa, da wanda za a fasa.

Ciniki da masu fim ya fi min kwanciyar hankali, don ni da su duk mun san tatsuniya ce. Masu wahalarwa su ne waɗanda ke zuwa neman ƙarfin a zahiri. Wata Hajiya ta ɗauki amatis ta ce, "Malam, an ce wannan yana saukar da hawan jini." Na ce, "Hajiya, yana dai kyau a zobe. Kada ki bar maganinki."

Ba wai duwatsu ba su da abin mamaki ba ne. A 1880 wasu 'yan'uwa biyu a Faransa, Jacques da Pierre Curie, suka gano cewa idan aka matsa kwas yana fitar da 'yar wutar lantarki. Ɗan ƙanƙanin kwas da ke cikin agogon hannu yana kaɗawa sau 32,768 a daƙiƙa, da haka agogon ke riƙe lokaci. Tomalin idan ya ji zafi yana jawo toka ta manne masa. Ka goga farin kwas biyu da ƙarfi a ɗaki mai duhu, za ka ga walƙiya a cikinsu. Wannan nakan nuna wa yaran masu saye, su yi ta ihu. Iyakar abin ke nan, bai kai ga jawo kuɗi ko sanyaya zuciyar maigida ba.

Abin da ke damuna yanzu shi ne aikinmu ya fara yin kyau har ana iya damfara da shi. Mai sani ba zai ruɗu ba: kwas yana karce gilashi, rezin kuwa wuƙa ma tana yankarsa, ga shi ba nauyi, ba kuma sanyin dutse idan ka ɗora a kunci. Amma ba kowa ne mai sani ba, musamman mai saye ta hoto a Instagram. Don haka duk wanda zai fita daga shagona sai mun huda masa ramin batir a gindi, ko da mai shi ya ce ba ya son fitila.