Abokina na Zuru

Ɗazu ƙanena ya kunna wani fim ɗin Indiya, na yara biyu a Lahore, Musulmi da Hindu, gab da raba ƙasar a 1947. Inda ya taɓa ni shi ne tashar jirgin ƙasa: ba kuka, ba bankwana, sai gardama suke kan wa ke bin wani bashin rake, har jirgi ya ja.

Nan take abokina Badakkare ya faɗo min a rai. Shi coci, ni Islamiyya, da yamma sai ƙwallo. Lokacin Uhola kuwa, bikin gargajiyar Dakarkari, gidansu nake wuni. Zaɓen 2023 ya raba mu, a kan mutanen da ba su san da zamanmu ba. Ina ta tunanin ko ya ji rasuwar Inna, don shi ma haka yake kiranta.