Shekara uku da GLK 'yar Beljiyam, abin da idona ya gani

Kusan duk sati sai wani ya tare ni, ko a ƙofar masallaci ko a wurin aiki, yace min "wai motar nan taka ya take ne, ance cin kuɗi gare ta?" Amsar ba ta tsayuwar minti biyu bace shi yasa nace bari in zauna in faɗi komai tun daga farko. Motar Mercedes GLK 350 ce ƙirar 2012, mai 4MATIC wato duk tayoyin huɗu suna ja, na saye ta farkon 2022 kuma har yau ita nake hawa a nan Kano.

Kafin ita Corolla nake da ita, shekara shida, kuma wallahi ba ta taɓa min laifi ba. Amma iyali sun ƙaru, hanyar unguwarmu da damina sai mota mai ɗan tsayi, ga zirga-zirgar Kaduna da Abuja da aiki ya ɗora min. Ban son babbar jif mai shan mai kamar rijiya, ina son wadda take tsaka-tsaki, ta shiga lungu ta fita, kuma in na hau titi in ji na zauna daram. GLK ɗin nan a Bremen ta Jamus aka ƙera su daga 2008 zuwa 2015 kafin GLC ta gaje ta, amma mafi yawan wanda ke shigo mana daga Amurka da Kanada suke zuwa, mu dai duk Beljiyam muke ce musu. Kuma kala biyu ne, wannan ya kamata mai saye ya sani tun kafin ya je wurin dila. Daga 2010 zuwa 2012 injinsu M272 ne, giyar tana ƙasa a tsakiya. Daga 2013 aka canza fuska da fitilu, aka sa inji M276 mai ƙarfin doki 302 maimakon 268, giyar ta koma jikin sitiyari. A kasuwa akwai masu ɗaukar tsohuwar su canza mata bamba da fitilu su ce maka 2014 ce, to leƙa ciki kawai, in ka ga giya a ƙasa ka san zancen.

Wadda na fara gani ba ita na saya ba, kuma labarinta shi ne ya fi tsaya min a rai. Fara ce tas, 2013, a wani wurin saida motoci, fenti na ƙyalli, kujeru kamar ba a taɓa zama ba, ƙamshin turare ya cika cikinta, kuɗinta kuma ƙasa da na sauran da na gani. Raina ya biya sosai, har na kira uwargida nace mata na samu. Yayana ne ya hana ni ba da kafin alƙalami a ranar, yace "kai dai ka bari gobe mu zo da mutumin nan da ke duba min tawa, mota ba ta guduwa."

Washegari bakaniken ya zo, dattijo ne mai ƙarancin magana, tun yana yaro Benz yake gyarawa. Ban ga ya buɗe bonet ba ma da farko. Ƙofar baya ya buɗe ya kama bel ɗin kujera ya dinga ja a hankali har ya zo ƙarshe, sai ya miƙo min yace "Alhaji duba nan." Wani layi ne ruwan ƙasa a jikin bel ɗin, kamar yadda ruwa ke barin shaida a bangon ɗaki bayan ambaliya, daga layin zuwa ƙasa kalar ta dushe. Ya tura kujerar gaba, ya haska tocilan ɗin wayarsa a kan notinan da suka riƙe ta, duk sunyi tsatsa ja. Ya cusa yatsa ƙarƙashin kafet ya fito da busasshen yashi mai laushi kamar gari. Yace min a hankali yadda dilan ba zai ji ba, "wannan ruwa ta sha, turaren nan ba don Allah aka sa shi ba." Da daddare na biya aka duba min lambar VIN, lambar nan mai harufa da lambobi 17 da ke ƙasan gilashin gaba, sai ga hotunanta a wurin gwanjo a Amurka an rubuta ambaliya ce ta ci ta, kuma mil ɗin da ke hoton ya ninka wanda ke kan dashbod yanzu. Motar da ruwa ya ci tana iya yin wata uku lafiya lau, sannan wayoyi da kwamfutocin da ke ƙarƙashin kafet su fara ruɓewa ɗaya bayan ɗaya, yau gilashi ya ƙi sauka gobe fitila ta kama kanta jibi giya ta maƙale, kuma babu rewayan da zai iya gano maka ƙarshen abin. Har yau in na tuna saura kaɗan in zuba kuɗin guminna a wannan motar sai gabana ya faɗi.

Tawa sai bayan kusan wata ɗaya muka same ta. Ba ta kai waccan kyau a ido ba, an taɓa bugun ta a gaba ta ɓangaren dama, kuma mai ita bai ɓoye ba, ya nuna min hoton yadda ta iso. Bamba da fitila da fenda aka canza, bugun bai kai shasi ba, jakar iska ba ta fashe ba. Dattijon ya sa aka ɗaga ta ya shiga ƙasa da ƙaramar guduma yana ƙwanƙwasa ƙarfen da ya riƙe tayoyin baya, yace motocin da suka zauna a garuruwan ƙanƙara gishirin da ake zubawa a titi yana cinye wurin daga ciki, sai ka ga sama lafiya ƙasa ya zama kamar wainar da ta ƙone. Tawa ƙarfen ya amsa da ƙara mai kyau. Ya jona mata kwamfutarsa, irin ta Benz ɗin da suke kira Star, ba 'yar ƙaramar nan da ake saidawa a kasuwa ba, ya karanta komai. Takardun kwastam kuma ban yarda da fotokwafi ba, sai da na je aka tabbatar min an biya diuti da lambar motar, don tun Janairun 2017 aka hana shigo da mota ta kan iyakar ƙasa, kuma wanda aka tare shi a hanyar Abuja da takardar bogi shi kaɗai ya san abin da ya gani.

Dattijon ya faɗa min wata magana ranar da na biya, yace kar in kashe duk abin da ke hannuna a saye, in ware wani abu gefe don wata ukun farko. Na ware, kuma ya tafi kusan duka, baƙin mai da filta, filogi shida, birkin gaba, robobin ƙafa da suka tsattsage, batir, da wani ɗan yoyon mai a bayan inji. Ba wai motar ta lalace bane, mota ce mai shekara goma da ba ka san yadda aka riƙe ta ba, dole ka mayar da komai sifili ka fara naka lissafin.

Baƙin mai shi ne rayuwar injin nan. Ba kowane ake zuba masa ba, sai wanda aka rubuta 229.5 a bayan galan ɗin. Dashbod zai ce maka saura tafiya mai nisa kafin sabis amma wannan lissafin na ƙasar da babu ƙurar hunturu da zafin Afrilun Kano ne, ni duk kilomita 5,000 nake juyewa, kuma wuri ɗaya nake saye don jabun mai ya yi yawa, galan iri ɗaya hatimi iri ɗaya. Filtar iska kuma da hunturu duk sati biyu nake sa a cire a duba.

Inda na yi kuskure babba shi ne man giya. Wata rana zan yi tafiya, dattijon ya je ganin gida, nace ai canza man giya ba wani abu bane, na kai ta wani gareji kusa da gida wurin wani yaro mai fara'a da ke gyaran ƙananan motoci. Yace "Oga ba matsala, yanzun nan." Giyar motar nan mai hawa bakwai ce, ba ta da sandar auna mai, ta ƙasa ake ɗura mata da famfo kuma sai man ya kai wani zafi na musamman ake daidaita yawansa, sannan man nata iri biyu ne, akwai ja akwai shuɗi, da lambar mota ake gane wanne ne naka. Yaron bai san ko ɗaya ba, ni ma a lokacin ban sani ba, ya zuba irin wanda ya saba zubawa. Kafin in kai Zariya na fara jin tana fizga in za ta sauka daga giya ta uku zuwa ta biyu, kamar wani ya bugo ni ta baya. Na lallaɓa na juyo. Da dattijon ya dawo bai yi min faɗa ba, shiru kawai ya yi ya ɗiba man a murfin roba ya shinshina, sannan yace "Alhaji da ka kira ni ai da na ce ka yi tafiyarka da tsohon man, ya fi wannan." Sau biyu aka juye aka sake zubawa kafin ta dawo daidai, da sabuwar filta da gasket, kuɗin ya kusa ninka na aikin farko sau huɗu, kuma Allah ne ya taimaka na juyo da wuri giyar ba ta ƙone ba. Tun ranar ko ƙwan fitila ne sai na kira shi tukuna.

Na biyu shi ne makullin sitiyari. Duk mai irin wannan motar ya saurara, in ka zura ki akwai wata 'yar ƙara da take yi, zzzt, wannan wani ɗan ƙaramin moto ne ke sakin sitiyari, sai ya saki sannan mota ta yarda ta tashi. Nawa ya ɗan kwana biyu ƙarar tana yin sanyi tana jan lokaci, wani lokaci sai na cire ki na sake sawa. Na faɗa wa dattijon a waya yace in kawo ta a satin, na ce to, aiki ya sha kaina. Ranar wata Litinin da safe yara sun shiga da kayan makaranta, na sa ki, shiru. Na murɗa, dashbod ko fitila ɗaya bai kawo ba, batir kuma lafiyarsa ƙalau. A Adaidaita na tura su. Dattijon ya zo har gida, abu na farko da ya yi ya kama sitiyarin ya juya, da ya ga yana juyawa sai yace alhamdulillahi a buɗe ya mutu, da a kulle ne sai an sha wahala kafin a cire shi. Moton nan bai kai babban yatsa ba kuma tsufa ne kawai ke kashe shi, amma ya ajiye min mota kwana uku, abin da da na kai ta tun da ya ce aikin yini ɗaya ne.

Taya kuma a taƙaice, tunda duk ƙafafun huɗu ke ja dole su zama girma ɗaya kuma cinyewarsu kusan ɗaya, kar ka sa sabuwa ɗaya tsofaffi uku, kayan cikin giyar ne ke shan wahalar. Ka duba lambobi huɗun da ke gefen tayar masu nuna lokacin da aka ƙera ta, biyun farko sati biyun ƙarshe shekara, 2319 na nufin sati na 23 a 2019. Rim ɗina 19 ne, tayar ba ta da kauri sosai, rami ɗaya a hanyar Kaduna ya taɓa kumbura min ɗaya.

Sai maganar fetur, wadda ita ce ta sa da yawa suka saida nasu. Lokacin da na sayi motar lita ba ta kai naira 200 ba a gidan mai, ranar 29 ga Mayun 2023 aka ce tallafi ya tafi, cikin kwanaki ta haura 500, daga baya ta wuce 1,000. Tankin lita 66 ne, kuma a cikin gari da AC da cunkoson Kano lita ɗaya da ƙyar take kai ni kilomita 7, a babban titi takan yi 9 zuwa 10. Faɗuwar naira kuma ta taɓa kayan gyara don duk daga waje suke zuwa, abin da za ka tambaya a kasuwar Ƙofar Ruwa ta nan Kano yau in ka koma bayan wata biyu wani kuɗin ne daban, wani ma sai an aiko daga Ladipo a Legas. Na yi tunanin saidawa sosai a lokacin, har an taya. Abin da ya hana ni, na zauna na buɗe littafin da nake rubuta duk abin da na kashe mata da kwanan wata, na ga manyan ayyukan duk na riga na yi su, in na saida wani ne zai ci moriyar, ni kuma in koma in fara da wata da ban san cikinta ba. Sai na rage yawon da ba dole ba, zuwa kasuwa da ƙananan aike na koma hawa mashin ɗin gida.

Kuma gaskiya ina son motar nan. In na hau hanyar Zariya da asuba, gilashi a rufe, yara na barci a baya, ba ƙara ba girgiza, ka taka ta amsa nan take, in babbar mota ta wuce ka iskarta ba ta kaɗa ka, in ka taka birki ta tsaya inda kake so, wannan natsuwar da iyalinka a ciki ita nake biya wa kuɗin.

Yanzu abin da ke gabana robobin da suka riƙe inji ne, na fara jin ɗan kaɗawa a sitiyari in na tsaya a danja da giya a ciki. Na faɗa wa dattijon jiya, yace in kawo ta Asabar da safe kafin rana ta yi zafi, kuma in taho da littafin nan don ya ga yaushe muka canza ruwan lagireto.