Ɗan dabo ya tafi, wa ya riƙe sunansa?

Shekarun da na yi ina tattara tarihin wasan dabo sun nuna mini cewa sirrin wasa ba ya ɓata, mai wasan ne ke ɓacewa. Yadda ake ɓatar da kwabo a tafin hannu, ko a yanka igiya ta koma ɗaya, yana rubuce tun 1584, lokacin da Reginald Scot ya fitar da littafi a Ingila don nuna cewa da yawan abin da ake kira maita saurin hannu ne kawai. Amma tsohon da ke tara jama'a a bakin kasuwa ran kasuwa, da makaɗinsa da kirarinsa, in ya rasu shi ke nan.

Da Farfesa Peller na fara, don shi ne takarda ta fi riƙewa a Najeriya. Sunansa Moshood Abiola (ba Abiola na siyasa ba), mutumin Iseyin a jihar Oyo, haihuwar 1941. Ya je Indiya ya koyo sana'ar, ya dawo yana wasa a manyan otal-otal da gaban shugabannin ƙasashe, yana sa matarsa a akwati ya raba ta biyu. An harbe shi a gidansa da ke Ibadan ranar 2 ga Agusta, 1997. Ko shi da ya yi wannan suna, gutsattsari nake tsinta: tallar jarida, hoto marar kwanan wata, kaset ɗin bidiyo da danshi ya fara ci.

Turawa kuwa sun daɗe suna adana nasu. Houdini, shahararren ɗan dabon Amurka da ya mutu a 1926, ya bar wasiyyar a kai littattafansa ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka. Ƙungiyar 'yan dabo ta Magic Circle da aka kafa a Landan a 1905 tana da gidan tarihinta. Shi ya sa ake iya bin wasan akwatin nan na Peller har zuwa ga P. T. Selbit, ɗan dabon Ingila, wanda ya nuna shi a Landan a Janairun 1921.

Labarin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na Robert-Houdin, wani ɗan dabon Faransa. A 1856 gwamnatin Faransa ta tura shi Aljeriya ya yi wasa gaban shugabannin ƙabilu, don a karya kwarjinin malaman da ke zuga jama'a su bijire wa mulkin mallaka. Ya ajiye ƙaramin akwati mai ƙarfe a gindi, aka saki maganaɗisun lantarki daga ƙarƙashin dandamali, ƙato ya kasa ɗaga shi. Kusan duk abin da ake maimaitawa yau game da wannan dare daga alƙalaminsa ya fito. Abin da mutanen da ke zaune a wurin suka ce bayan sun koma gida, ba shi ake karantawa ba. Wannan ya sa na rage zaman ɗakunan adana takardu na Kaduna, na ɗauki rakoda na nufi wurin tsofaffin 'yan dabo.

A nan na koyi cewa tambaya ita ce komai. In ka ce, "Baba, yaya ake yin wannan?" hira ta mutu, kuma da gaskiyarsa, abincinsa ne. In ka ce, "Baba, wa ya koya maka?" sai ya gyara zama. Wani ya ce mini, "Ɗana, ai maigidana sai da na yi masa dakon jaka kafin ya bar ni na taɓa ko ƙwarya." Daga nan sunayen garuruwa suka fito, da kasuwannin da suke bi bayan kaka, da yadda ake neman izinin sarkin kasuwa, da kiɗan da ake yi daidai lokacin da ake son ido ya bar hannu. Wasu sun tuba sun bar sana'ar, ba sa son a ambace su. Irin waɗannan nakan ajiye muryarsu in rufe sunan, kuma ba na gardama da wanda ya ce nasa asiri ne ba dabara ba. Yadda ya faɗa haka nake rubutawa.

Adanawar ita ma aiki ce. Takardar jarida tana da sinadarin da ke sa ta ja ta karye, don haka ba na liƙa mata salatif, ba na kai ta a manne ta cikin roba da zafi, don ba ta sake fitowa. Nakan shimfiɗa ta ba ninki tsakanin fararen takardu, cikin akwatin ƙarfe a kan benci, nesa da bango saboda gara. Da fensir nake rubuta inda na samo abu da ranar da wanda ya ba ni, a bayansa. Muryoyin kuma kwafi uku nake yi, ɗaya a gidan ƙanwata a wani gari, ɗaya kuma nakan mayar wa iyalan mai maganar, domin sau da yawa jikokinsa ba su taɓa jin kirarin da ake yi masa a fage ba.