Ilmul Huduri: Abin Da Ya Same Ni Da Na Kai Shi Majalisar Karatu A Zariya

Muna da majalisar karatu a Tudun Wada da muke zama daren Asabar bayan isha'i. Akwai malaman makaranta a cikinmu, akwai masu digiri na biyu daga Samaru da Kongo, akwai kuma waɗanda suka tashi a zaure suka sha Larabci tun suna yara. Kowa da makonsa. Ka zaɓi mas'ala, ka yi bayani, a yi maka tambayoyi har mai shayi ya tashi. Da layi ya zo kaina na zaɓi ilmul huduri, saboda na daɗe ina juya shi a rai, kuma ina ganin babu wata kalma a falsafa da ta haɗa samuwa da sani wuri guda kamarsa.

Ga abin da nake son in faɗa musu a daren. Malaman falsafa da manɗiƙi sun raba sani gida biyu. Na farko shi ne ilmul husuli. Idan na ce na san dutsen Kufena, ai dutsen bai shigo kaina ba, yana can inda yake. Abin da ke wurina surarsa ce. Surar nan tana iya dacewa da dutsen, tana iya saɓa masa, shi ya sa ake gaskiya ake kuskure a wannan nau'in. Kusan duk abin da muke kira ilimi a makaranta nan yake. Na biyu shi ne ilmul huduri, inda abin da aka sani shi da kansa yake halarce wurin mai sanin, babu sura a tsakani. Mai ciwon haƙori ba surar ciwo yake gani ba. Ciwon ne da kansa. Ba a cewa ciwon ya samu da farko, daga baya labari ya iso masa, domin samuwar ciwon ita ce saninsa. Ciwon da ba a ji ba, ba ciwo ba ne. Haka yunwa, haka tsoro, haka sanin da mutum ya yi wa kansa cewa yana nan.

Ban kai ga haƙorin ba.

Na fara da tarihi, yadda littattafan zamani suke jero shi. Na ambaci malaman falsafa biyu, Suhrawardi da Mulla Sadra na Shiraz, na ce har yau ana karantar da wannan a Ƙum, wato garuruwan Iran ke nan. Ina cikin maganar wani ɗan'uwa da muka yi sakandare tare ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, don Allah tsaya. Wannan ba karatun 'yan Shi'a ba ne?" Daga nan majalisa ta rabu biyu, aka bar mas'ala aka koma kan sunaye. Wanda yake zaune a Zariya ya san nauyin wannan tambaya a garin nan, ba sai na yi bayani ba. Ni dai ban taɓa kawowa a raina cewa mutanen da muka karanta Aflaɗon da Aristo tare, muka tattauna Dekart ba tare da kowa ya tambayi addininsa ba, za su tsaya cak don an ambaci garuruwan Iran. Har yau idan na tuna sai raina ya sosu. Na shafe makonni ina shirya hujja, amma ba a saurari ko jimla ɗaya daga cikinta ba.

Hujjar kuwa mai kyau ce, bari in faɗe ta a nan tunda can ba a ba ni dama ba. Suhrawardi ya ce: da a ce ta hanyar sura nake sanin kaina, to surar nan wani abu ne daban da ni, abin da zan nuna in ce "shi". Ni kuwa "ni" nake ce wa kaina. Ta yaya zan gane cewa surar tawa ce idan ban riga na san kaina ba kafin ta? Ke nan sanin kai ya riga kowace sura. Kafin shi Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya kawo misalin mutumin da aka halitta farat ɗaya cikakke, yana rataye a sarari, idonsa a rufe, gaɓoɓinsa ba sa taɓa juna, ba ya jin komai. Ya ce wannan mutum ba zai san yana da hannu ko ƙafa ba, amma ba zai yi shakkar cewa shi yana nan ba. Wannan fa ƙarni shida ne kafin Dekart ya fitar da tasa maganar ta "ina tunani, don haka ina nan" a 1637. Kuma akwai bambanci: masu huduri ba sa ciro samuwar kai daga tunani kamar sakamakon lissafi, suna cewa tana halarce tun kafin a fara lissafin.

Maganar ba ta tsaya a majalisa ba. Kafin mako ya zagayo ta shiga cikin birni ta isa kunnen baffana, ƙanen mahaifina. Ya aiko a kira ni. Na durƙusa na gaishe shi, bai ko gama amsawa ba ya ce, "Kai, me nake ji? An ce ka canza hanya." Na ce, "Baffa, wallahi karatu ne kawai." Bai yi gardama da ni ba. Ya ce in shirya gobe bayan asuba mu je wurin malaminsa, wani dattijo a wajen Unguwar Juma da ya shekara da shekaru yana ba da nahawu da manɗiƙi da tauhidi a zaurensa.

A can ne abin ya juya. Dattijon ya ce, "Ɗana, faɗa mini mas'alar, kada ka kira sunan kowa." Na faɗa masa, da dutsen da haƙorin da komai. Ya saurara har na gama, sannan ya sa almajiri ya ɗauko masa Ta'arifat na Sayyid Sharif Jurjani. Ya buɗe babin ilimi ya miƙo mini. Ga shi nan ɓaro-ɓaro: ilmul huduri shi ne sanin abu ba tare da surarsa ta samu a cikin zihini ba, kamar sanin da Zaidu ya yi wa kansa. Kusa da shi kuma ga ɗaya nau'in, wanda ke samuwa bayan sura ta samu. Jurjani malamin Sunna ne, ya rasu a 1413, kusan shekara 160 kafin a haifi Mulla Sadra. Littafin nan kuwa ƙamus ne na kalmomin ilimi da yake hannun malamanmu tun da daɗewa. Na ce, "Allah gafarta Malam, ashe yana nan." Ya ce, "Ina za shi?"

Na fito zauren da farin ciki da takaici a haɗe. Farin ciki don baffa ya gamsu. Takaici don abin da aka yi ta cece-kuce a kai yana cikin littafin da wasu daga cikin masu tuhumar tawa suna da shi a gida. Kalma ɗaya, ma'ana ɗaya. Idan ta fito ta ƙofar Jurjani karatu ce, idan ta fito ta ƙofar Shiraz ta zama abin zargi, alhali shi Jurjanin ma a Shiraz ya karantar, a can ya rasu.

Sunayen ma da aka tsorata da su, ba a tsaya an tantance su ba. An kashe Suhrawardi a Halab ta ƙasar Sham a 1191, zamanin Salahuddin Ayyubi, bayan malaman garin sun tuhumi aƙidarsa. Wannan gaskiya ne, kuma wanda yake so ya yi taka-tsantsan da shi yana da dalili. Amma Shi'anci bai zama mazhabar daular Iran ba sai 1501, lokacin Shah Isma'il, shekara 310 bayan mutuwar Suhrawardi. Kuma ba shi ne Shihabuddin Suhrawardi mai Awariful Ma'arif ba, wanda ya rasu a 1234 a Bagadaza, ko da yake laƙabinsu ɗaya, mutane suna yawan cakuɗa su. Mulla Sadra kam ɗan Shi'a ne, babu ɓoye-ɓoye. Sai dai ni a ganina, ko da shi ne ya fara kawo rabe-raben nan, hujja da kanta ake auna ta. Tsoron manɗiƙi da falsafa ba sabo ba ne a wurinmu. Al-Magili, wanda ya zauna Kano zamanin Muhammadu Rumfa, ya yi musayar baitoci da Suyuɗi a kan halaccin manɗiƙi, shi yana karewa, Suyuɗi yana hanawa. Su dai a kan ilimin suka yi jayayya, ba a kan garin da ya fito ba.

Akwai abin da ya fi ba ni haushi, da ban gane ba sai a ziyarar da na ci gaba da kai wa dattijon. Malaman falsafa irin Ibn Sina sun ce Allah ya san ɗaiɗaikun abubuwa ne ta fuska ta gaba ɗaya. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya lissafa wannan cikin mas'aloli uku da ya kafirta su a kai, tare da cewa duniya ba ta da farko da kuma musun tashin jikkuna. Suhrawardi da ilmul huduri ya fuskanci wannan matsala: ya ce sanin Allah ba ta hanyar surori ba ne, kowane abu, babba da ƙarami, halarce yake gare Shi da kansa. Wato kalmar da aka zarge ni a kanta, an yi amfani da ita ne wajen tabbatar da cewa babu ƙwayar zarra da ta ɓuya ga Allah. Da an bar ni na kai nan a daren, ina ganin da wanda ya ɗaga hannun shi zai fara gyaɗa kai.

Waɗanda suka goya mini baya a majalisar su ma ba su huce mini rai ba. Ɗaya daga cikinsu, ɗan ɗariƙa ne mai kirki, ya same ni a gefe ya ce ai wannan shi ne kashafi, wato abin da ake yaye wa waliyyi ya gani da zuciya, shi ne hujjar cewa abin da waliyyi ya gani ba a musa shi. Na kai wa dattijon wannan magana, ya girgiza kai. Ya tuna mini baitin Sullam, littafin manɗiƙi na Akhdari, inda aka lissafa yaƙiniyyat, wato abubuwan da ake sani babu shakka, ya ce masu sharhi suna kawo yunwa da ƙishirwa a misalin abin da ake riska ta ciki. Sannan ya ce in lura da kyau: ciwon kansa huduri ne, amma da zarar ka buɗe baki ka ce "haƙorina na hagu ne ya lalace", ka shiga husuli, kuma likita yana iya dubawa ya ce maka na kusa da shi ne. Jin ciwon ba ya kuskure. Fassarar ciwon tana kuskure. Wanda aka yanke wa ƙafa yana iya jin ciwo a ƙafar da babu ita. Ciwon gaskiya ne, hukuncin da ya yanke a kan wurinsa ne ba daidai ba. Don haka duk abin da ya halarto wa mutum a zuciya, shi kaɗai ya halarto wa. Ranar da ya faɗa wa wani ya zama labari, a auna shi yadda ake auna kowane labari. Su kansu manyan sufaye suna da nasu bayanin a kan kashafi, wannan fage ne daban, amma ba a ɗauko ilmul huduri a rufe wa mai tambaya baki da shi.

To wanda zai yi amfani da kalmar nan, a rubutu ko a gaban jama'a, ya riƙe ta a ƙunci. Sanin kai, halayen da ke cikin rai, da su kansu surorin da ke cikin zihini, domin ba da wata sura ake sanin sura ba, in ba haka ba abin ba zai ƙare ba. Nan ne kowa ya yarda. Suhrawardi ya faɗaɗa ta har ta haɗa da gani da ido, Mulla Sadra ya wuce nan ya ce mai hankalta da abin da ya hankalta suna zama abu guda a samuwa, ra'ayin da Ibn Sina ya yi wa kakkausan raddi a littafinsa Isharat tun kafin a haifi Mulla Sadra. Waɗannan ra'ayoyin masu su ne, kada a jingina wa kalmar gaba ɗaya. Kada kuma a daidaita ta kai tsaye da abin da masanin falsafar Ingila Bertrand Russell ya kira sani ta hanyar cuɗanya a 1912, domin shi yana barin mai sani da abin sani a matsayin abubuwa biyu da alaƙa ta haɗa, masu huduri kuwa a sanin kai ba su ga biyu ba.

Kuma idan a Zariya kake, ko wani gari mai irin tarihinmu, ka fara da haƙori da yunwa, ka bi da Jurjani da Sullam, ka riƙe littafin a hannu mutane su gani da idonsu. Sunayen Halab da Shiraz su zo bayan an riga an fahimci mas'alar. Ba ɓoye gaskiya ba ne, duk za ka faɗe su. Ni ba na jin daɗin ba da wannan shawara, domin bai kamata a ce sai an yi haka ba, amma na ga abin da rashinta ya jawo.

Na koma majalisar da Ta'arifat na karanta musu wurin. Yawancinsu sun karɓa, wasu har sun ɗauki hoton shafin da waya. Abokin nawa na sakandare bai zo ranar ba, kuma tun daga lokacin bai dawo zama ba. Na tura masa shafin ta WhatsApp, ya amsa da addu'a, bai ce komai a kan mas'alar ba. Muna gaisawa idan mun haɗu a masallacin Juma'a, amma tsohuwar hirar karatun ta tsaya, kuma wannan ya fi zargin ciwo a wurina. Yanzu ina bin raddin Ibn Sina a Isharat tare da dattijon, layi-layi, kuma ba zan kai maganar haɗuwar mai hankalta da abin hankalta majalisa ba sai mun kai ƙarshensa.